Wang Bing: Mai Jira da Kyamara a Hannu

A ƙarshen 1999 wani mutum mai shekara 32 ya shiga gundumar Tiexi ta birnin Shenyang, a arewa maso gabashin ƙasar Sin, riƙe da wata 'yar ƙaramar kyamara ta haya. Babu mai haska masa fitila, babu mai riƙe masa makirfo, babu rubutaccen labari a aljihunsa. Ya yi ta kai da komo a tsakanin masana'antun wurin har zuwa 2001, ya tara hoto na kimanin awa 300. Abin da ya tace daga ciki shi ne fim ɗin da duniya ta sani da suna West of the Tracks, wato yamma da layin dogo, wanda tsawonsa ya kai minti 551, awa tara da 'yan kai. Sunan mutumin Wang Bing, kuma tun daga wannan fim masu nazarin sinima suke sa shi a sahun gaba na masu ɗaukar rayuwar mutane yadda take, ba tare da wasan kwaikwayo ba.

Tiexi ba ƙaramin wuri ba ne a tarihin Sin. Japanawa ne suka kafa masana'antunsa a shekarun 1930, lokacin da suka mamaye yankin Manchuria. Bayan juyin juya halin 1949 aka faɗaɗa su da taimakon Tarayyar Sobiyat, suka zama abin alfaharin gwamnati: a nan ake narka tama, a nan ake yin wayar lantarki da fallayen ƙarfe. Ma'aikaci kuwa masana'anta ce uwarsa da ubansa, ita ke ba shi gida da asibiti da makarantar yara da fansho. Da aka juya akalar tattalin arziki zuwa kasuwa a shekarun 1990, waɗannan kamfanonin gwamnati suka fara durƙushewa ɗaya bayan ɗaya. Wang Bing ya iso daidai lokacin da wutar ke mutuwa a murhu. Duk wanda ya san yadda unguwar Kakuri ta Kaduna ta koma bayan rufe masaƙu, ba sai an yi masa dogon bayani kan fuskokin da ke cikin wannan fim ba.

Ɗan jarida da aka aika wurin zai nemi manaja ya yi masa tambayoyi, ya samo alƙaluma, ya tsayar da ma'aikaci biyu ko uku su koka, ya haɗa rahoto na minti biyar. Wang Bing bai yi ko ɗaya daga ciki ba. Fim ɗin ya buɗe da kyamara a goshin jirgin ƙasa na dakon kaya, jirgin yana ratsa masana'antu cikin dusar ƙanƙara, mintoci suna ta wucewa babu wanda ya ce uffan. Daga nan sai ɗakunan hutun ma'aikata: ana karta, ana cin abinci a kwanon ƙarfe, ana musu kan albashin da ba a biya ba, wani ya fito daga wanka yana goge jiki, wani ya bugu yana neman faɗa. Babu muryar mai sharhi da za ta gaya maka abin da ya kamata ka ji. Babu kiɗan tausayi. In ban da ɗan rubutu da ke nuna sunan wuri ko na mutum, kai da idonka ne kawai.

Wannan salo yana da tarihi. A shekarun 1960, da aka samu kyamarori marasa nauyi da na'urar ɗaukar sauti da mutum zai iya rataya a kafaɗa, wasu masu shirya fim a Amurka, irin su Frederick Wiseman da 'yan'uwan nan biyu na gidan Maysles, suka ce bari su daina tsara abin da za a ɗauka, su je su zauna su kalla kawai. Jean Rouch, Bafaranshen da ya yi yawancin aikinsa a Nijar, wanda ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004, ya bi wata hanya dabam. Shi a ganinsa kyamara ba ta ɓoyuwa, don haka gara mai ita ya shiga cikin sha'anin, ya yi tambaya, ya zuga, har ya sa mutane su kwaikwayi rayuwarsu. Wang Bing ya fi kusa da hanyar farko, sai dai ya kai ta inda waɗanda suka fara ta ba su kai ba, kuma ya yi hakan kusan shi kaɗai, domin ƙaramar kyamarar dijital da ta bazu a ƙarshen shekarun 1990 ta sa mutum guda ya iya aikin da da sai tawaga.

An haife shi a 1967 a lardin Shaanxi. Mahaifinsa ya rasu lokacin da Wang Bing yake ɗan shekara 14, sai ya shiga aiki a ma'aikatar da mahaifin yake, kamar yadda tsarin wancan zamani ya ba da dama. Sai a 1992 ya shiga kwalejin zane-zane ta Lu Xun da ke Shenyang ya karanci ɗaukar hoto, daga baya ya wuce kwalejin fim ta Beijing. Abubuwa biyun nan duka suna cikin aikinsa. Ya san yadda ma'aikaci ke zama idan shugaba ya fita, kuma ya san inda haske ke faɗowa a ɗaki.

Mutane da yawa suna ɗauka cewa wannan aiki ba shi da wuya: ka kunna kyamara, ka bar ta. Wanda ya taɓa ɗaga waya don ya ɗauki mutane a wurin biki ya san ba haka ba ne. Da an ga kyamara sai kowa ya gyara zama, murya ta canza, mai dariya ya kama baki, mai kunya ya sunkuyar da kai. Gwanintar farko ita ce wuce wannan matakin, kuma ba ta da wata dabara sai daɗewa. Wang Bing yakan koma wuri guda wata da watanni, yau da gobe, har ganinsa ya zama kamar ganin tukunyar shayi a kusurwa. Ba wai an manta da shi ba ne. A finafinansa za ka ji wani ya juyo ya ce masa ya ɗauki kaza, ko ya miƙa masa sigari, shi kuma ba ya yanke wannan don ya nuna kamar ba ya nan. Abin da ya faru shi ne mutane sun gaji da yi masa kwalliya. Ba mai iya riƙe fuskar baƙunta har shekara biyu.

Sai kuma sanin tazara, wanda a wurina nan ne ainihin hannunsa yake. Kyamararsa kusan kullum a hannu take, ba a kan ƙafafu uku ba, kuma sau da yawa bayan mutum take bi. Ma'aikaci ya tashi daga ɗakin hutu ya nufi wurin narka ƙarfe, sai mu bi shi ta dogon lungu, mu hau matakala, mu ratsa hayaƙi, muna ganin ƙeyarsa. Wani darakta zai yanke tafiyar, ya nuna fita ya nuna isa. Shi kuwa yakan bar ta dungurungum, saboda a cikin tafiyar ne mai kallo ke auna girman wurin da jikinsa, ya san nisan da wannan bawan Allah ke takawa kowace rana. Kuma bin baya yana da ladabi: ba ka tare wa mutum hanya ba, ba ka sa shi ya zo gare ka ba, kai ne ka bi shi inda ya nufa.

An fi ganin wannan a Three Sisters na 2012, wanda ya ɗauka a wani ƙauye da ke kan duwatsun lardin Yunnan, a tudun da ya kai mita 3,200. Yara mata uku ne, masu shekara goma da shida da huɗu. Uwarsu ta tafi, uban ya je birni neman kuɗi, babbar ce ke riƙe da gida. Tana dafa dankali, tana ba aladu abinci, tana cire wa ƙannenta ƙwarƙwata, tana hawa tudu ta tsinto kashin dabbobi na hura wuta. Kyamara tana saukowa daidai tsayin yaran, ba ta kallonsu daga sama. Idan babbar ta hau tudu, Wang Bing na biye da ita, har kana jin numfashinsa yana sarƙewa a bayan kyamara, domin iskar wurin ba ta wadatar da baƙo, har ma ta sa shi rashin lafiya a lokacin aikin. Bai goge wannan numfashi ba. Babu inda aka ce yarinyar nan abar tausayi ce, babu wanda ya tambaye ta ko tana kewar uwarta. Sai dai ka gan ta zaune ita kaɗai a ɗaki mai hayaƙi tana tari, tana cin dankalinta, kuma hoton ya daɗe har ka rasa inda za ka kai idonka. Fim ɗin ya ci kyautar sashen Orizzonti a bikin finafinai na Venice a shekarar.

Abu na gaba shi ne sanin lokacin da ba a kashe kyamara. A kashi na uku na West of the Tracks akwai wani dattijo da ɗansa matashi da ke zaune a wata 'yar bukka a gefen layin dogo, suna rayuwa da tsintar gawayin kwal. Aka kama uban aka tsare. Wang Bing ya zauna da yaron a bukkar. Yaron ya ɗauko tsofaffin hotunan gidansu yana dubawa, agogon bango ya buga, hawaye suka zubo masa. Ba a shirya wannan ba, kuma ba a iya shirya shi. Wanda ya zo da jadawalin aiki da tuni ya naɗe kayansa ya tafi, tunda a ido babu abin da ke faruwa a ɗakin. Mai wannan sana'a dole ya iya jin cewa shirun da ake yi yana ɗauke da wani abu, ya kuma yi haƙuri har abin ya fito, alhali ya san sau tara cikin goma babu abin da zai fito.

Irin wannan haƙuri ne ya yi a fim ɗinsa na 2007 kan He Fengming, tsohuwar 'yar jarida daga lardin Gansu, wadda aka yi wa tambarin 'yar adawa ita da mijinta a wani kamfen da gwamnati ta yi a 1957, mijin kuma ya mutu a sansanin gwale-gwale. Awa uku tsohuwar tana zaune a kujerarta tana ba da labari, kyamara na fuskantarta, kusan ba motsi. Tana cikin magana rana ta yi ta faɗuwa, ɗakin ya yi ta duhu har fuskarta ta kusa ɓacewa. Duk wanda ya koyi ɗaukar hoto a makaranta zai tsayar da ita ya gyara haske. Shi ya bari sai da duhun ya kai maƙura, sannan ya roƙe ta ta kunna fitila. Ya fahimci cewa katse ta a tsakiyar wannan labari ya fi duhun muni.

Bayan ɗauka sai tacewa, kuma a nan ne wanda ya ce ai kallo kawai yake yi zai gane kurensa. Daga 2014 zuwa 2019 Wang Bing ya tare a garin Zhili, kusa da birnin Huzhou a lardin Zhejiang, inda ake ɗinka kaso mai yawa na tufafin yara na ƙasar Sin. A lokacin akwai ƙananan shagunan ɗinki kusan 18,000 a garin, da 'yan ci-rani kimanin 300,000, galibi samari da 'yan mata daga ƙauyukan lardin Anhui da wasu lardunan. Suna kan keke tun safe har sha ɗayan dare, suna kwana a ɗakunan da ke saman shagon, ana biyansu gwargwadon yawan abin da suka ɗinka. Ya tara hoto na kimanin awa 2,600. Daga ciki ya fitar da finafinai uku masu suna Youth, waɗanda jimillarsu ba ta cika awa goma ba: na farko ya shiga gasar bikin finafinai na Cannes a 2023, na biyu Locarno, na uku Venice, duka biyun a 2024. Ke nan a cikin kowace awa 260 da ya ɗauka, kusan guda ɗaya ce ta shiga cikinsu.

Me ya zaɓa? Ya zaɓi hannaye. Saurin da yaran nan ke tura yadi ƙarƙashin allura sai ka rantse an ƙara wa hoton gudu, alhali ba a taɓa shi ba. Ya zaɓi wasa da tsokana, soyayyar da ake ƙullawa a tsakanin keke da keke, waƙoƙin da ke tashi daga waya, faɗan da ke ɓarkewa kan abin da bai kai ya kawo ba. Sannan ya zaɓi ciniki. Akwai dogayen fitowa inda ma'aikata ke tattaruwa su ɗauki samfurin riga ko wando su hau wurin mai shago, a yi ta ja-in-ja kan ƙarin 'yan kuɗi kaɗan a kowane guda. Mai shago ya ce ba riba, su ce ɗinkin aljihun nan yana cin lokaci, a watse, a sake dawowa. Mai neman abin burgewa zai zubar da wannan a matsayin surutu. Wang Bing ya bar shi da tsawonsa, domin a nan ne ake ganin yadda ake yanka wa ƙuruciyar mutum farashi. Littafin tattalin arziki zai ba ka adadin tufafin da Sin ke fitarwa, amma ba zai nuna maka fuskar yarinya 'yar shekara goma sha tara tana lissafi a ƙaramin littafinta ba.

Wannan ne ma amsar masu cewa finafinansa sun cika tsawo. Gaskiya ne suna gajiyarwa, kuma ba kowane minti ne zinariya ba. Akwai wuraren da ni ma nake ganin da an rage da ba a yi asara ba. Amma abin da yake son nunawa shi ne yadda lokaci ke cin mutum: jiran albashi, jiran a rushe unguwa, maimaita ɗinki ɗaya sau ɗari bakwai. Ba a nuna jira cikin gaggawa. Idan aka taƙaita shi ya zama labari, labari kuwa ji ne, shi kuma gani yake so ka yi.

Saboda haka ne wasu ayyukan nasa suka fi dacewa da zauren baje kolin fasaha fiye da gidan sinima. Crude Oil na 2008 awa 14 ne na ma'aikatan haƙar man fetur a hamadar yammacin Sin, an nuna shi a bikin finafinai na Rotterdam a ɗakin da mutum zai shiga ya fita yadda ya ga dama. Man with No Name yana bin wani mutum da ke zaune shi kaɗai a rami a bayan gari, yana noma ɗan abin da zai ci, kuma daga farko har ƙarshe ba a yi hira da shi ba. A 2017 baje kolin documenta, wanda ake yi a birnin Kassel na Jamus duk shekara biyar, ya nuna 15 Hours, yini guda na aiki a shagon ɗinki a Zhili, tsawon fim daidai da tsawon yinin. Ba a sa ran kowa ya kalle shi duka. Za ka shiga ka tarar suna ɗinki, ka fita ka ci abinci ka zaga gari, ka dawo ka tarar suna nan inda ka bar su. Cibiyar Pompidou ta birnin Paris ta yi bitar ayyukansa a 2014, har da hotunan da ya ɗauka na tsaye.

A Dead Souls na 2018 ya ɗan sauya hannu, domin abin da yake nema ya riga ya wuce, ba a iya kallonsa. Sansanin Jiabiangou da ke Gansu ya tara mutum kimanin 3,000 da aka zarga da adawa, kuma aƙalla rabinsu ba su fito da rai ba, yunwa ta kashe su a shekarun da suka biyo bayan 1957. Wang Bing ya shafe fiye da shekara goma yana neman tsofaffin da suka tsira, yana zama a ɗakunansu suna magana. Fim ɗin ya haura awa takwas. A cikinsa akwai inda ya taka da ƙafa a filin da wani sansani mai suna Mingshui yake a da, kyamara na kallon ƙasa, ƙasusuwan mutane a warwatse a kan rairayi.

Akwai tambayar da ba za a kauce mata ba, kuma mai karatu da ya tashi cikin tarbiyyar sutura zai fi kowa jin nauyinta. A 2013 ya ɗauki 'Til Madness Do Us Part a wani gidan masu taɓin hankali a Yunnan, inda ake ganin maza a kulle a bene guda, wasu tsirara, wasu suna fitsari a inda suka samu. A 2017 ya fitar da Mrs. Fang, kwanakin ƙarshe na wata tsohuwa da cutar mantuwa ta kwantar, kyamara dab da fuskarta, baki a buɗe, dangi na kewaye suna hirarsu suna lissafin jana'iza. Fim ɗin ya ci babbar kyautar Locarno. To amma wa ya ba da izini? Iyalinta sun yarda, sai dai ita ba ta cikin halin da za ta ce e ko a'a, haka ma mutanen gidan mahaukatan. Masu kare shi suna cewa kawar da kai daga irin waɗannan mutane shi ne wulaƙancin da ya fi girma, kuma kyamararsa ba ta yi musu dariya. Na yarda ba ta yi. Duk da haka, a kan tsohuwar nan ina ganin ya matsa kusa fiye da yadda ya kamata, kuma kyautar da aka ba shi ba ta warware wannan ba. Gwanin sanin tazara ma yakan ƙetare layi.

'Yancin da yake aiki da shi yana da tsada. Ba ya kai finafinansa gaban hukumar tace finafinai ta ƙasarsa, don haka ba a nuna su a gidajen sinima na Sin. Mutanen da ya shafe shekaru yana ɗauka, da 'yan ƙasarsu, sai dai su same su ta faifan sata ko ta intanet. Kuɗin aikin yawanci daga Turai yake fitowa, musamman Faransa, daga asusun tallafa wa finafinai da gidajen talabijin da zaurukan fasaha. Wasu na yi masa gorin cewa talaucin Sin yake sayar wa Turawa. Wanda ya kalli aikin zai ga ba ya ɗaga tuta, ba ya zagin kowa, ba ya ma faɗin ra'ayinsa. Kuma masana'antun Tiexi da ya ɗauka an rushe yawancinsu an yi gidaje da kantuna a wurin, ta yadda duk mai son ganin yadda ma'aikatan suka yi kwanakinsu na ƙarshe a ciki, fim ɗinsa zai nema.

Ga mai sha'awar gwadawa, kada ya fara da na awa tara. Ya nemi Three Sisters, awa biyu da rabi ne, ya ajiye waya a wani ɗaki, ya kalle shi a zama ɗaya. Idan kuma yana cikin matasan da ke koyon riƙe kyamara, ya lura da abu biyu yayin kallon: inda Wang Bing ya tsaya a kowace fitowa, da lokacin da shi da kansa zai yanke amma Wang Bing bai yanke ba.